Kunne Uku da Waƙar "Taka Sannu"

"Ni fa kunnena uku ne," in ji mai gyaran rediyon da ke ƙarshen layin shaguna. "Biyu waɗanda kowa ke gani, na ukun yana nan ciki." Sai ya ƙwanƙwasa ƙeyarsa da gindin sukudireba. "Kawo min rediyo a rufe, ka kunna na ɗan lokaci, in gaya maka wayar da ta tsinke da ranar da ta tsinke. Sauro ya gifta ta nan, in gaya maka ko ya ci abinci ko da yunwa ya fito."

Tun yana faɗa ana dariya har sunan ya manne masa, kowa Kunne Uku, Kunne Uku. Shi kuwa bai taɓa jin zolaya a ciki ba, wanda hakan ma abin mamaki ne ga mai kunne har uku. Mai aski, maƙwabcinsa na dama, yakan ce akwai rediyonsa da ya shekara huɗu a kan kantar Kunne Uku, har yanzu kunnen na uku bai gama sauraronsa ba.

Ran wata Litinin da hantsi sai ga 'ya'yan ƙanwarsa su biyu. Babban, Tela, ƙato ne mai murya kamar daga ƙasan rijiya take fitowa, in ya ce "sannu" sai gilashin taga ya amsa, kuma duk duniya ba abin da yake tinƙaho da shi kamar muryar nan. Ƙaramar, Auta, malamar ajin ƙananan yara ce, tana da piyano na lantarki mai kiɗan ganga a ciki, da baki wanda ba ya jiran izini. Su biyun sun haɗu suna waƙa, sun sa wa kansu suna Zare da Allura. Shekara guda suna aika wa gidan rediyo takarda, sai yanzu aka ba su minti biyar a shirin sababbin mawaƙa na ranar Asabar da ƙarfe huɗu. Wanda ya rasa ranarsa, sai ya koma ƙarshen layi ya sake jiran shekara. Waƙar rawa ce suka shirya mai suna "Taka Sannu", amma situdiyon da suka je an ce babu gurbi sai bayan sati shida.

"Kawu, makirufo muka zo ara," in ji Auta. "A wayar hannu za mu ɗauka."

"Waya?" Kunne Uku ya ajiye sukudireba. "Waƙarku ta farko a waya? Ina raye?"

"Makirufon kawai, Kawu."

"Makirufona ba ya fita shagon nan ba tare da ubangidansa ba."

Ya durƙusa ƙarƙashin teburin aiki, ya yi ta nishi, ya jawo wata rikodar kaset mai girman akwatin tafiya. Gizo-gizo biyu suka fito suka kama gabansu.

"Kun ga wannan? Manyan mawaƙa sun yi kuka a gabanta. Kwamfuta tana ɗaukar murya ne kawai, wannan har da zuciya take ɗauka."

"Su wa da wa, Kawu?"

"Ba ki san su ba. Duk sun rasu."

"Ita ta kashe su?"

Tela ya taka mata ƙafa. Shi kalmar "manyan mawaƙa" ta riga ta shige shi.

Da aka buɗe bayan rikodar, sai aka tarar bel ɗin da ke juya kaset ya narke ya zama kamar cingam. Mai aski da ya leƙo da almakashi a hannu ya ce, "Ga mai kayan gyara can tsallaken titi, yana da bel na gaske."

"Ni in tsallaka titi in tambayi wancan? Wanda a gabana ya koyi riƙe sukudireba?"

Ya ɗauko tsohuwar robar cikin tayar keke, ya ari almakashin mai aski, ya yanko siririn zobe, ya ɗaura. Rikoda ta fara juyi. Ya kara kunnen dama, ya kara na hagu, ya lumshe ido ya bar na uku ya yi aikinsa.

"Daidai," ya ce. "Ko agogo albarka."

Ran Talata aka shiga gyaran ɗaki. Kunne Uku ya ce situdiyo na gaske ba ya shan iska, ba ya jin waje. Ya manna kwalayen ƙwai a bango, ya toshe taga da buhunan siminti, sannan ya je gida ya ɗauko katifa. Uwargida ta tare shi a bakin ƙofa, katifa a kansa.

"Maigida, ina za ka da ita? Ƙaura muka yi ban sani ba?"

"Aikin fasaha ne, ba za ki gane ba."

"Na gane. A ina fasahar ta ce in kwana?"

"Kwana huɗu ne kacal. Nan gaba in ana ambaton sunana a rediyo..."

"Sai in shimfiɗa sunan in kwanta a kai."

Ya wuce da katifarsa, ya jingina ta a ƙofar shago ta ciki.

Ran Laraba da azahar aka rufe ƙofa, aka kashe fanka saboda ƙararta. Kafin Auta ta gama saita kiɗa, gumi ya wanke Tela har cikin takalmi. Ya buɗe baki ya saki "Taka sannu, 'yar'uwa, ƙasa ba gudu take ba," muryar ta cika ɗakin, kwalayen ƙwai uku suka faɗo. Daidai nan mai walda, maƙwabcin hagu, ya kunna injin yankan ƙarfe.

Kunne Uku ya ture katifa ya fita. "Malam, ana ɗaukar waƙa a nan!"

"Ni ma ana jiran ƙofa a nan."

"Minti biyar kawai."

"Jiya da na ce ka rage rediyo ina waya, me ka ce min? Ka ce kunnenka na aiki."

Aka yi ta ja-in-ja har aka daidaita a kan cewa mai walda zai riƙa tsayawa duk lokacin da ya ji an buga bango sau uku. Matsalar ita ce gangar piyanon Auta ma bugu uku take yi a farkon kowane baiti. Mai walda ya tsaya, ya kunna, ya tsaya, ya kunna, daga ƙarshe ya zo ya ce in ba a daina yi masa wasa da hankali ba zai walde ƙofar da su a ciki.

Ran Alhamis mai walda ya tafi kai ƙofa, layi ya yi tsit, aka samu ɗauka mai kyau tun daga farko har ƙarshe. Da aka mayar da kaset baya aka saurara, sai ga wata murya ta uku tana bin waƙar: "Yauwa. Haka. Buɗe baki. Auta, sassauta. Madalla, ni na san aikina."

"Kawu, wane ne wannan?"

"Ƙila daga waje ne."

"Na wajen ya san sunana?"

Ran Juma'a Auta ta zo da salatif ta ce wa kawunta ko ya yi shiru ko ta manne masa baki. Ya yi shiru. Waƙa ta fito tsaf, har Tela ya share ƙwalla. Kunne Uku ya ce bari ya kira mai aski ya ji abin da ake kira aiki. Mai aski ya shigo, ya zauna, Kunne Uku ya danna maɓalli yana kallon fuskarsa, ya shiga yi masa bayanin yadda ake saita makirufo da yadda manyan mawaƙa suka yi kuka. Ya yi minti huɗu yana zuba.

"To ina waƙar?" in ji mai aski.

Jan maɓallin ɗauka ya danna tare da na kunnawa. Waƙa ta tafi, bayani ya maye gurbinta.

Auta ta kafe kawunta da ido, kallon da ya tsorata kowa.

Saboda haka sai ranar Asabar ɗin kanta, ƙarfe biyu da rabi, aka yi ɗaukar ƙarshe. Auta ta tsaya a kan rikodar da kanta, ta hana kawunta matsowa taku uku. Suka saurara sau ɗaya a shagon, muryar Tela na nan da kaurinta, kiɗa na tafiya a natse, irin wanda ake rausayawa ba tare da an zubar da ruwan kofi ba. Auta ta zare kaset, ta tari mota, ta isa gidan rediyo ƙarfe huɗu saura minti shida. Injiniyar gidan, wata mata mai tabarau da ba ta cika magana ba, ta juya kaset ɗin a hannu kamar an miƙo mata ƙashin tsohuwar dabba. Ta ce akwai na'urar kaset ɗaya a kusurwa, lafiyarta ƙalau, amma babu lokacin saurara, kai tsaye za a sa.

A layin shaguna kuwa Kunne Uku ya fito da babbar lasifika bakin titi, ya jera benci. Mai aski ya zo da wanda yake wa aski, rabin kai a aske. Mai walda ya zo. Mai kayan gyara ya tsallako titi ya tsaya daga baya, hannu a aljihu. Uwargida ta zo tana dafe da ƙugu. Tela ya sa sabuwar riga da ya ɗinka wa kansa, ya zauna a gaba.

Mai gabatar da shirin ya ce, "Masu sauraro, ga Zare da Allura, da waƙarsu ta farko, 'Taka Sannu'!"

Kiɗa ya fito a guje kamar an biyo shi. Kafin mutane su gyara zama, sai ga wata siririyar murya, tsiw-tsiw, kamar ɓera ya samu makirufo: "Takasannu'yar'uwaƙasabagudutakeba!" Wata da ta fi ta siranta ta amsa.

Tela ya miƙe a hankali.

"Kawu. Wane ne wannan?"

Kunne Uku dai mai gyara ne, ko da na rabin hanya. Nan take ya gane abin da ya faru. Robar tayar keke santsi take yi, tana juya kaset a hankali. A hankali ta ɗauka, a hankali take mayarwa, shi ya sa a shago komai ya fito daidai. Yanzu kaset ya haɗu da na'ura mai lafiya, ta ja shi da gudun da ya kamata, waƙa ta tashi sama da kowa da kowa a cikinta. Ya saci kallon mai kayan gyara, ya ga yana murmushi da gefen baki. Ya fara lissafin ta inda zai bi ya ɓace.

Sai mai walda ya fara kaɗa ƙafa. Mutumin da aka aske wa rabin kai ya miƙe da tawul a wuya ya shiga juyi. Mata biyu da ke wucewa da kaya suka ajiye suka shigo fili. Kafin baiti na biyu, titi ya cika, har direban bas ya tsaya yana danna ham daidai da kiɗa. Da waƙa ta ƙare, mai gabatarwa ya ce wayoyin gidan rediyo sun ɗauki zafi, kowa cewa yake a maimaita ta ɓeraye.

Kunne Uku ya goge goshi, ya gyara wuyan riga, ya hau kan benci.

"To, kun ji ko? Wata uku ina lissafin gudun nan."

"Ran Litinin suka zo," in ji Uwargida.

"A zuciyata na fara tun kafin su zo."

"Kawu, muryata fa?" in ji Tela, kamar zai yi kuka. "Ina muryata?"

"Ɗana, muryarka ta yi wa zamani nauyi. Na rage mata kaya ne."

Mai kayan gyara ya ce daga baya, "Wane irin bel ka sa mata ne, maigida?"

"Sirrin sana'a," in ji Kunne Uku, bai waiwaya ba.

Cikin kwana uku waƙar ta zaga gari. Ana jinta a motocin haya, a shagunan aski, a wayoyin 'yan makaranta. Tela kuwa ya shiga uku. Mai kawo ɗinki sai ya tsaya a ƙofa ya ce, "Ɓera yana ciki?" In ya amsa da muryarsa ta gaske, sai a ce, "A'a, mawaƙin muke nema, ba yayansa ba." Auta ta ce masa ya haɗiye, mutane na rawa, abin da suka nema ke nan.

Ran Laraba mai gabatarwa ya kira su. Ya ce gidan rediyo zai ƙaddamar da waƙar ranar Asabar da yamma a babban zauren taro, kai tsaye a iska. In zaure ya tashi da rawa, waƙar za ta shiga jerin waɗanda ake sawa kullum har wata uku. In bai tashi ba, sai a ce farin jinin sati ɗaya ne, a wuce wurin.

Sai tambaya ta taso: wa zai yi muryar ɓera a gaban jama'a? Kunne Uku ya ce wannan ƙaramin abu ne. Ya sa Tela ya toshe hanci, ya fito kamar saniya mai mura. Ya ɗaure masa wuyan riga har idanunsa suka firfito, ya fito kamar saniya da aka shaƙe. Ya ce ya tsaya da ƙafa ɗaya, Auta ta ce in aka ƙara minti ɗaya za ta kira mahaifiyarsu. Aka yanke shawarar a sa waƙar, su kuma su riƙa motsa baki.

"Injiniya ta ce ta kwafe ta a kwamfuta," in ji Auta. "Ita za ta sa."

"Kwafi?" Kunne Uku ya dafe ƙirji. "Ga asali a hannuna, a sa kwafi? Rikodar da ta haifi waƙa ita za ta rera ta."

Ya san sarai in ya sa kaset ɗin a rikodarsa yadda take, muryar Tela ta gaske za ta fito, asiri ya tonu. Ya kuma san maganin: bel na gaske, ga shi can tsallaken titi. Sau biyu yana kaiwa tsakiyar titi, sai ya hango murmushin mai kayan gyara, ya yi kamar iska ya fito sha, ya dawo. Daga ƙarshe ya kulle shago da rana tsaka, ya yanko wata robar da ta fi ta farko matsewa, ya nannaɗe kan ƙarfen da ke juya ta da salatif don ya ƙara kauri ya ƙara gudu. Ya kunna, ɓeraye suka fito. Ya saurari rabin minti ya kashe.

"Daidai," ya gaya wa kansa.

Ranar Asabar zaure ya cika har bakin taga. Aka ɗora rikodar a kan tebur a gefen dandamali, Kunne Uku na tsaye a kanta da sabuwar hula. Injiniya ta zauna can gefe da kwamfutarta, ta dubi rikodar ta saman tabarau, ta ce, "Baba, in ana buƙata, tawa a shirye take."

"Ba za a buƙata ba, 'yata. Ki zauna ki koyi aiki."

Mai gabatarwa ya kira Zare da Allura, zaure ya ɗauki tafi. Tela ya fito kamar wanda za a yi wa allura, Auta na murmushi. Kunne Uku ya ɗaga yatsa sama don kowa ya gani, sannan ya sauke shi a kan maɓalli.

Rabin mintin farko lafiya lau. Jama'a suka miƙe, aka fara takawa. Daga nan salatif ya ji ɗumi ya kumbura, waƙa ta ƙara wuta. Ɓeraye suka koma sauraye. Bakin Tela na rawa kamar keken ɗinkinsa, bai cim ma ko kalma ɗaya ba. Masu rawa suka yi ta ƙoƙari, wani dattijo ya dafe gwiwa ya koma kujera.

Sai salatif ya warware gaba ɗaya. Waƙa ta yi tuntuɓe, ta sassauto, ta sassauto, sai ga muryar Tela ta gaske ta cika zaure, mai kauri, mai daɗi. Fuskarsa ta haskaka, ya buɗe hannuwa, karo na farko cikin sati bakinsa da waƙa suka haɗu.

"Ba ita ba ce!" wani ya yi ihu daga baya. "Ta ɓeraye muke so!"

"A dawo mana da ɓerayenmu!"

Robar ma ta ɗau zafi ta saki jiki. Murya ta ci gaba da nutsewa, daga Tela ta koma sa, daga sa ta koma babbar mota a kan tudu. "Taaa... kaaa... saaan..." Auta ta tsaya da baki buɗe tana jiran kalmar ta ƙare, ta gaji ta rufe.

Kunne Uku ya fizge murfin kaset, ya zura biro a ramin, ya shiga juyawa da hannu. In ya yi sauri sauro, in hannu ya gaji saniya, sauro, saniya, duk a baiti ɗaya, kuma duk gari na ji a rediyo. Hularsa ta faɗi. Mai aski ya kwanta a kan kafaɗar mai walda yana dariya har da hawaye. Can sai rikoda ta yi wani ƙara kamar mai tauna, ta fara amayar da zaren kaset, baƙi, siriri, yana zuba a kan takalmin Kunne Uku.

Auta ta juya ta dubi Injiniya. Idon Auta ya ciko, shekara guda na jira na shirin tafiya a banza. Injiniya ta danna abu ɗaya.

Ɓeraye suka dawo da gudunsu na ranar farko. Zaure ya fashe. Aka ture kujeru, dattijon nan ya manta da gwiwarsa, Uwargida ma an ga kafaɗarta na motsi. Tela ya dubi jama'a, ya dubi ƙanwarsa, ya haɗiye abin da ya rage masa na girman kai, ya tsuke baki ya zama ɓera da zuciya ɗaya. Sau uku ana maimaitawa. Mai gabatarwa ya ɗaga hannun su biyun ya ce, "Wata uku, kullum, safe da yamma!"

Da mutum ne mai kunne biyu kamar kowa, da ya tattara zarensa ya bi ta ƙofar baya. Kunne Uku sai ya hau dandamali, zaren kaset na biye da ƙafarsa, ya karɓi makirufo.

"Jama'a, abin da kuka gani da farko gwaji ne, na nuna muku waƙar a gudu iri-iri. Amma gaskiya ɗaya ce, dole in faɗa. Wannan da kuka yi wa rawa, kwamfuta ta cinye rabin daɗinta. Ku ba za ku ji ba. Ni na ji."

Injiniya ta cire tabarau ta goge, ta mayar. Ta ce a ba ta makirufo.

"Baba, ashe kunnenka na rarrabewa?"

"Ko cikin barci."

"To taimaka min in koyi aiki. Zan sa guda biyu. Ka nuna mana wadda ta fito daga kaset ɗinka ba a taɓa ta ba, da wadda kwamfuta ta ɓata."

"Sa, 'yata. Sa."

Ta sa ta farko. Ya lumshe ido, ya kara tafin hannu a kunne, yana gyaɗa kai, yana murmushi kamar mai jin muryar ɗansa. Ta sa ta biyu. Tun kafin a kai rabi ya yamutsa fuska, ya ɗaga hannu.

"Kashe, kashe, kar ki ji min ciwo. Ta farkon ce tawa. Ba ku ji ɗuminta ba? Gangar tana da ciki, muryar Auta tana da mai. Ta biyun kuwa busasshiya ce, ganga kamar ana buga gwangwani, kuma ta fi tawa gudu da kaɗan. A baiti na farko ma akwai wani ɗan tsaki da injinku ya ƙara, can ƙasa-ƙasa. Sai mai kunne uku."

"Ka tabbata, Baba? In sake sawa?"

"'Yata, ina wannan aikin tun ba a haife ki ba."

Injiniya ta juya kwamfutar ta fuskanci mai gabatarwa, ta nuna masa da yatsa.

"Guda ɗaya ce tak a nan," ta ce. "Sau biyu na sa ta."

Kunne Uku ya buɗe baki. Mai gabatarwa ya matso masa da makirufo har yana taɓa leɓensa.

"Muna jin ka, Kawu," ya ce. "Duk gari na jin ka."